RA'AYINMU: A ɗauki tarihin masana'antar gyaɗa ta Magarya a fim tun shaidu suna raye

Duk wanda ke sauraren jawaban magabatan ƙasar nan tun daga shekarar 2023 zuwa yau ya san maganar da ta fi yawa a bakinsu, wato a riƙa sarrafa arzikin Nijar a cikin Nijar. A 2024 an sanar da shirin gina wata matatar man fetur a Doso, sannan a watan Yunin 2025 gwamnati ta mayar da kamfanin haƙar yuraniyom na SOMAIR hannun ƙasa. Babu ɗan ƙasa nagari da zai ƙi wannan buri. Sai dai ba yau aka fara shi ba. An taɓa gwada shi shekaru fiye da 50 da suka wuce, kuma ɗaya daga cikin wuraren da aka yi gwajin shi ne garin Magarya, a kudancin jihar Damagaram, inda aka kafa ma'aikatar matsar man gyaɗa, ta yi ɗan zamaninta, ta mutu.

Ra'ayin wannan jarida shi ne, kafin a sake zuba kuɗin talakawa a sababbin masana'antu, ya wajaba a tattara labarin waccan ta farko a cikin fim na gaskiya, irin wanda ake kira dokumantari, a yi shi da Hausa, a kuma nuna shi a kasuwanni da ƙauyukan da abin ya faru. Kuma a yi shi yanzu. Wanda yake da shekara 25 lokacin da aka buɗe wannan ma'aikata, yau ya haura 75.

Ga matasan da ba su riski zamanin ba, yana da kyau a tuna musu abin da gyaɗa, ko gujiya kamar yadda ake ce mata a nan, ta kasance ga Nijar. A shekarun 1960, kafin a fara fitar da yuraniyom daga Arlit a 1971, gyaɗa ce ke kawo wa ƙasa fiye da rabin kuɗin da take samu daga abin da take sayarwa a waje. A shekarun da aka fi samun albarka, wajen 1966 da 1967, abin da aka noma ya kai kimanin tan dubu 300 da ɓawonta. Mafi yawan wannan gyaɗa daga kudancin Maraɗi da kudancin Damagaram take fitowa, kuma ƙasar Magarya, wadda a lokacin ta haɗa har da Dungas, tana sahun gaba. Da kuɗin gyaɗa manomi ke biyan haraji, da shi yake aure, da shi yake sutura. Da shi kuma sabuwar gwamnatin Shugaba Diori Hamani take biyan albashin ma'aikatanta a Yamai. Gyaɗar wannan yanki takan bi ta Kano, inda jirgin ƙasa ke kwasar ta zuwa bakin teku, don haka wani kaso na buhunan da aka riƙa tarawa a can gumin manoman wannan ɓangare na iyaka ne.

A 1962 gwamnati ta kafa kamfanin SONARA, ta ba shi ikon fitar da gyaɗa waje shi kaɗai, bayan shekaru da dama da kamfanonin Turawa suka yi suna riƙe da wannan ciniki. A shekarar ne kuma aka kafa hukumar UNCC mai kula da ƙungiyoyin manoma da ba su bashi. Tsarin kuwa shi ne, gwamnati ce ke yanke farashi kowace shekara, ita ke sanya ranar buɗe kasuwar awo, ita ke faɗin wanda aka yarda ya saya. Abin da ya rage tsakanin kuɗin da aka bai wa manomi da kuɗin da aka sayar a Turai, shi ke shiga asusun daidaita farashi da baitulmali. Daga baya sai tunani ya zo cewa fitar da ɗanyar gyaɗa asara ce, gara a matse ta a gida a sayar da mai da tunkuza. Dama akwai ma'aikatar SICONIGER a Maraɗi tun shekarun 1940, da wata a Matamaye tun shekarun 1950. A farkon shekarun 1970 aka ƙara da ta uku, wato SEPANI, a garin Magarya.

Abin takaici, an kafa ta ne daidai lokacin da ƙasa ta fara juya wa gyaɗa baya. Tun ƙarshen shekarun 1960 Faransa ta janye farashin gata da take sayen gyaɗar tsofaffin ƙasashen da ta mallaka. Ruwan sama ya yi ta raguwa har aka shiga babban fari na 1973 da 1974, wanda a cikinsa ne sojoji suka kifar da gwamnatin Diori ranar 15 ga Afrilun 1974. Ba a gama farfaɗowa ba sai ga cutar kuturtar gyaɗa, wadda ƙwarin darɓa ke yaɗawa, ta cinye gonaki a 1975, a nan da kuma arewacin Nijeriya. Manomin da ya ga yunwa da idonsa ya koma ga hatsi da wake, kuma babu mai ganin laifinsa. Hankalin hukuma shi ma ya koma arewa, inda kuɗin yuraniyom ya fara shigowa. Injunan da aka girka don su ci dubban tan na gyaɗa suka rasa abin da za su ci. Da aka shiga shekarun 1980, aka zo da tsarin tsuke bakin aljihu na Bankin Duniya da Asusun Ba da Lamuni, sai aka rushe SONARA kanta. Yau mutanen Yamai da dama sun san sunan ne kawai saboda wani dogon bene da ake kira da shi.

Wannan shi ne labarin a taƙaice, kuma taƙaitawar ita ce matsalar. A haka yana kama da ƙaddara: ruwa ya ƙi, cuta ta zo, shi ke nan. Amma masu iya magana sun ce ruwa ba ya tsami banza. Akwai shawarwari da mutane suka yanke a ofis, akwai lissafi da aka yi daidai da wanda aka yi kuskure, akwai waɗanda suka samu da waɗanda suka biya. Bayanin waɗannan abubuwa yana warwatse. Wani yana cikin takardun Faransanci a ma'ajiyar tarihi. Wani yana cikin binciken baƙi: wani Ba'amurke mai suna John Collins ya rubuta kundin digirinsa na uku a 1974 a kan hukuma da cinikin gyaɗa a Magarya, wani kuma, William Miles, ya zauna a Yekuwa da Yardaje ya fitar da littafi a 1994 a kan yadda iyaka ta raba Hausawa gida biyu. Duka da Turancin Ingilishi aka rubuta su, ke nan jikan manomin da aka yi binciken a kansa ba ya iya karantawa. Mafi yawan labarin kuwa yana cikin ƙirazan tsofaffi a Bande, Waca, Ɗan Ciyawo, Sasumburum, Dogo-Dogo, Malawa da Guci, kuma kowace shekara ana binne wani sashe nasa.

Me ya sa muka ce fim, ba littafi ba? Saboda gani ya kori ji. Ƙidayar jama'a ta 2012 ta nuna cewa gundumomin Magarya da Dungas, waɗanda aka raba gida biyu a 2011, suna da mutane fiye da dubu 900, yau kuwa sun zarce haka nesa ba kusa ba. Mafi yawansu ba su karanta Faransanci. Amma babu ƙauyen da ba a kallon fim a waya, babu matashin da bai san 'yan wasan Kano da sunayensu ba. Rahoton da za a buga a ajiye a kabad ɗin wani minista, mutum nawa zai kai gare shi? Fim ɗin da tsohon mai awo zai riƙe sikeli a gaban kyamara ya nuna yadda ake auna buhu, da yadda ake tauye mudu idan an ga dama, cikin mako guda zai zagaye yankin.

Kuma ba za a ce ƙasar nan ba ta da masu wannan sana'a ba. Nijar na cikin ƙasashen Afirka da suka fara yin suna a harkar sinima, da su Moustapha Alassane da Oumarou Ganda, wanda ya ci babbar kyautar bikin FESPACO na Wagadugu a 1972. Marigayi Inoussa Ousseini ya kafa dandalin fina-finan gaskiya na Afirka a Yamai a 2006, kuma daga wannan zamani ne aka samu sabon jini. Sani Magori ya ɗauki noman albasa a Galmi a 2008, ya nuna yadda auren 'yar gida ke rataye a kan farashin buhu. Amina Weira ta koma Arlit inda mahaifinta ya yi aikin haƙar ma'adini, ta fitar da fim a 2016 a kan abin da ƙurar yuraniyom ke yi wa mazauna garin. Aicha Macky, 'yar Damagaram, ta shiga unguwar Kara-Kara ta fito da fim ɗin "Zinder" a 2021, wanda ya zagaya duniya. Mafi kusa da abin da muke magana a kai shi ne aikin Malam Saguirou, shi ma ɗan Damagaram, wanda a 2017 ya fitar da "Solaire Made in Africa" a kan Farfesa Abdou Moumouni da hukumar ONERSOL da gwamnati ta kafa a 1965 don bincike da ƙera na'urorin da ke aiki da hasken rana. Wannan ya isa shaida cewa ana iya ɗaukar tarihin masana'antar hukuma a yi fim da shi wanda mutane za su zauna su kalla. Abin da ya rage shi ne a juyo da kyamara kudu.

Sai dai a nan akwai gargaɗi. Fim a kan masana'antar gwamnati iri biyu ne. Akwai na majigi, irin wanda Turawan mulkin mallaka da hukumomin da suka gaje su suka riƙa yawo da shi a mota a ƙasar Hausa, ana kafa farin ƙyalle a ƙofar fada, ana nuna babban mutum yana yanke zare, injin yana juyi, jama'a suna tafi. Ba mu kaɗai muka sha wannan ba. Tarayyar Sobiyet ta yi ta yin irinsa tun shekarun 1920, Indiya ma bayan samun 'yanci ta kafa hukuma guda a 1948 ta kuma tilasta wa gidajen sinima nuna fina-finanta a kan madatsun ruwa da ma'aikatun ƙarfe. Irin wannan fim yana tsayawa ne ranar biki. Ba ya komawa bayan shekara goma ya ga ko injin yana nan yana juyi.

Akwai kuma iri na biyu. A ƙasar Sin, wani mai suna Wang Bing ya ɗauki ƙaramar kyamara ya zauna cikin ma'aikatan manyan masana'antun gwamnati da ke mutuwa a birnin Shenyang daga 1999 zuwa 2001, ya fito da fim na awa tara wanda ba shi da mai sharhi, ba shi da kiɗan yabo, ma'aikata ne kawai da rayuwarsu. Ba muna neman awa tara ba ne, awa ɗaya da rabi ta isa. Amma irin wannan gaskiyar muke nema. Idan za a yi fim ɗin Magarya don a wanke wata gwamnati ko a shafa wa wata baƙin fenti, gara a bar kuɗin a sayi magani.

Ga tambayoyin da muke ganin dole fim ɗin ya yi, ya kuma nemi amsarsu daga bakin waɗanda suka gani. Nawa ake bai wa manomi a kilo, nawa ake sayarwa a Marsel, kuma ina bambancin ya tafi? Da wane lissafi aka yanke girman ma'aikatar SEPANI, alhali akwai wata a Matamaye da ke neman gyaɗa daga gonaki ɗaya? Mutum nawa ta ɗauka aiki, nawa ne 'yan yankin a cikinsu, kuma me suka koma yi da aka rufe ƙofa? Ina injunan suka shiga? Me ya sa manomi ke ɗora gyaɗarsa a jaki cikin dare ya tsallaka iyaka duk shekarar da farashi ya fi kyau a can, kamar yadda na can ke tsallakowa nan idan abin ya juya? Wannan tambaya ta ƙarshe tana da nauyi, domin duk wanda zai kafa masana'anta a Magarya ko Dungas ya manta cewa Babban Mutum da Maigatari suna nan kusa, ya gina ta a kan yashi.

Kada kuma a manta da mata. Tun kafin a kawo injin farko, matan yankin suna soya gyaɗa, su niƙa, su matse mai, su yi ƙuli-ƙuli, kuma bayan injin ya tsaya su ne suka ci gaba har yau. Masana'antar da ta ci miliyoyi ta mutu, wadda ke tsakar gida da turmi da kasko tana nan. Duk mai tsara tattalin arziki ya kamata ya zauna ya tambayi kansa dalili, kuma amsar tana wurin waɗannan mata, ba a Yamai ba.

Mun san za a ce, a ƙasar da ake fama da matsalar tsaro da tsadar abinci, fim ne abin da ya dame mu? Tambaya ce mai kyau. Amsarmu ita ce a dubi halin da yankin yake ciki. Ƙasar da ta taɓa ɗaukar nauyin baitulmali, ita ce tun 2005 ƙungiyar likitoci ta MSF ke kula da dubban yara masu tamowa da zazzaɓin cizon sauro a asibitin Magarya kowace shekara. Mutane 92 da aka tsinci gawarwakinsu a hamada kusa da iyakar Aljeriya a watan Oktoban 2013, akasarinsu mata ne da yara daga kudancin wannan jiha. Ba mu ce mutuwar ma'aikatar mai ce kaɗai ta jawo haka ba, akwai yawan jama'a, akwai ƙarancin gona, akwai gajiyar ƙasa. Amma tun da gyaɗa ta faɗi, ba a samu wani abu da ya tsaya a matsayinta ba. Riɗi da wake da dabbobi suna fita ɗanye zuwa Maigatari da kasuwar Dawanau ta Kano, raken kwarin Korama ana shan sa ne a tsaye, man girki kuwa a jarka yake zuwa daga ƙasashen waje. Ko ba daɗe ko ba jima wani zai zo da shawarar a sake kafa ma'aikata a nan, kuma muna fata a yi. Kuɗin da za a kashe a fim ɗin bai kai na injin guda da za a saya ya yi tsatsa ba.

Darasin da muke sa ran jama'a da shugabanni za su gani da idonsu shi ne, masana'antar amfanin gona a kan manomi take tsaye. In babu iri mai jure cuta, babu farashin da zai hana shi kai kayansa ƙetare, babu hatsin da zai ci har ya yarda ya ware gona don abin sayarwa, to kome kyan gini a banza. Yau ma an ƙara da maganar lantarki: kowa ya ga abin da ya faru da Nijeriya ta yanke wuta a watan Agustan 2023, aka shafe watanni kafin a dawo da ita a 2024.

Za a kuma ce tone-tone ba shi da amfani, tunda wasu daga cikin waɗanda suka riƙe al'amura a lokacin sun rasu, iyalansu suna nan. Gaskiya ne, shi ya sa muka ce a yi adalci. Mutanen da suka kafa SONARA da SEPANI sun yi ne da niyyar ƙwato cinikin ƙasa daga hannun baƙi, kuma wannan abin yabo ne da ya kamata fim ɗin ya faɗa. A bai wa tsohon ma'aikacin hukuma dama ya yi bayani kamar yadda za a bai wa manomi. Waiwaye adon tafiya ne, ba neman wanda za a jefa ba.

Saboda haka muna kira ga ma'aikatar da ke kula da al'adu da cibiyar sinima ta ƙasa, CNCN, da su ware kuɗi don wannan aiki, su buɗe gasa a fili, su bar wanda ya ci ya yi aikinsa ba tare da an riƙe masa hannu ba. Muna kira ga gidan rediyo da talabijin na ƙasa da ma'ajiyar tarihi su buɗe tsofaffin hotuna da takardu ga masu bincike kafin gara da zafi su gama da su. Jami'ar André Salifou ta Damagaram tana da ɗaliban tarihi, ba sai ta jira kowa ba: ta tura su ƙauyuka a lokacin hutu, ko da wayar hannu ce, su naɗi hirar tsofaffin manoma, masu awo, direbobi, masu raƙuma, sakatarorin ƙungiyoyi da ma'aikatan injin. Sarakunan gargajiya na Magarya da Dungas su taimaka wajen nuna inda waɗannan dattawa suke. Gidajen rediyon karkara su buɗe fili ga duk mai labari. Attajiran yankin, waɗanda da yawansu kakanninsu da cinikin gyaɗa suka tashi, su sa hannu a aljihu, amma da sharaɗin ba fim ɗin yabon gidansu za a yi ba.

In an gama, kada a fara nuna shi a wani otal na Yamai ko wani biki na Turai. A fara da dandalin Magarya da na Dungas, a bi kasuwanni ɗaya bayan ɗaya, a bar jama'a su yi magana bayan an kashe na'ura, sannan a sake shi kyauta ya shiga wayoyi. Bayan haka a nuna shi ga duk jami'in da zai sa hannu a takardar kafa wata sabuwar masana'anta.

Sannan kada a tsaya a gyaɗa. Matatar mai ta SORAZ da ke arewa da birnin Damagaram, wadda aka buɗe a watan Nuwamban 2011 da ƙarfin tace ganga dubu 20 a rana, inda kamfanin CNPC na Sin ya riƙe kashi 60 cikin ɗari, Nijar kuma kashi 40, ta haura shekara goma tana aiki. Ita ma tana bukatar wanda zai shiga da kyamara ya tambayi ma'aikata da maƙwabta da masu sayen mai abin da ta canza a rayuwarsu, tun tana raye, tun ana iya gyara. Ba a fafe gora ranar tafiya. An bar ta Magarya har ta mutu ba a tambaye ta kome ba, kada a maimaita.

Allah Ya ji ƙan manomanmu da suka rigaye mu, Ya ba shugabanninmu ikon sauraren waɗanda suka rage.